Addison da Takardarsa ta Kwabo

In aka tambayi ɗan makaranta ra'ayinsa game da littafin da ya karanta, yawanci sai ya ce, "Da daɗi," ko kuwa, "Ba daɗi." In aka ce masa, "Don me?" sai ya yi shiru, ya jira malam ya faɗa. A zatonsa faɗin dalili aikin manyan malamai ne, shi nasa karatu kurum. To, mutanen Ingila ma haka su ke a da, sai da wani mutum ya zauna ya koya musu. Labarinsa mu ke so mu ba ku yau, don ku ga yadda sharhin littattafai ya fito daga zauren malamai ya shiga kasuwa.

Wajen shekara ta 1700, wanda ya ke so ya yi magana a kan waƙa a Ingila sai ya san Latin da harshen Yunanawa, ya kuma san abin da malaman da suka faɗa. Akwai wani babban mawaƙi, John Dryden, wanda ya mutu a shekarar nan ta 1700, ya rubuta sharhi mai kyau da Ingilishi a gabatarwar littattafansa. Amma wanda ya riga ya yi nisa cikin karatu shi ke amfana da shi. Alhali kuwa a lokacin nan masu karatu suna ta ƙaruwa a Landan. A 1695 dokar da ta hana buga littafi sai da izinin hukuma ta faɗi, ba a sake sabunta ta ba. A 1702 aka fara buga jaridar kullum. Ga kuma gidajen shan gahawa, waɗanda aka fara buɗewa a birnin tun 1652, har suka yi yawa. Mutum ya kan biya kwabo ya shiga, ya sha, ya karanta jarida, ya yi gardama da wanda ya tarar. 'Yan kasuwa da akawuna da matan gida sun iya karatu, suna da kuɗin sayen littafi, amma ba su da mudun da za su auna shi.

Cikin wannan hali waɗansu abokai biyu suka fito, Joseph Addison da Richard Steele. Dukansu a 1672 aka haife su, makaranta guda suka yi a Landan, wadda a ke kira Charterhouse, suka kuma wuce Oxford. Addison mutum ne mai kunya da kawaici, gwanin Latin. Steele kuwa mutumin Dublin ne, ya yi soja, mai fara'a, kullum da bashi a wuyansa. Steele ne ya fara, ya kafa wata takarda mai suna Tatler ran 12 ga watan Afrilu, 1709, tana fita sau uku a mako, Addison yana taimakonsa. Da suka rufe ta a farkon 1711, sai suka kafa wata, suka sa mata suna Spectator, watau Ɗan Kallo. Ta fara fita ran 1 ga watan Maris, 1711.

Takarda ce falle ɗaya, an buga ciki da baya, tana fita kullum ban da Lahadi, kuɗinta kwabo. Ba ruwanta da rigimar jam'iyyu. Kowace rana magana guda ta ke ɗauka, wadda mutum zai karanta ya gama kafin shayinsa ya huce. Wata rana a yi zancen ladabi, wata rana zancen aure ko na tufafi, wata rana a buga wasiƙun masu karatu. A fitowa ta 10 Addison ya ce ana buga 3,000 kowace rana, ya kuma ƙiyasta mutum 20 ke karanta kowace guda, watau masu karatu 60,000 ke nan. A nan ne kuma ya bayyana nufinsa, cewa so ya ke ya fito da ilmi daga ɗakunan karatu ya kai shi inda mutane ke hira. Ya ƙara da cewa mata ne za su fi kowa amfana da takardar.

Wani darasinsa a kan sharhi ya zo cikin watan Mayu, 1711. Mako guda cur ya yi yana bambanta hikima ta gaskiya da ta jabu. Ya ba da misalin mawaƙan da su kan tsara waƙa ta fito da siffar ƙwai ko fiffike ko gatari a kan takarda, da masu rubuta littafi suna guje wa harafi guda, da masu wasa da kalmomi biyu don sun yi kama a kunne. Ya ce duk wannan wahala ce ba hikima ba. Sa'an nan ya ba mai karatu wata dabara mai sauƙi. In kana so ka gwada magana, juya ta cikin wani harshe. In ta rayu, ma'ana ce ke ɗauke da ita. In ta mutu a hanya, amon kalmomi ne kurum. Ku da ku ke juya magana kullum daga Ingilishi zuwa Hausa, kun fi mutanen Landan damar gwada wannan. Ba kowace magana ce wannan ma'auni ke yi wa adalci ba, gama akwai waƙar da daɗinta ke cikin amonta. Amma ku lura da abin da ya yi. Ya miƙa wa mai karatu mudu a hannu, ya ce auna da kanka.

Cikin watan nan dai ya yi abin da ya jawo masa dariya. Akwai wata tsohuwar waƙa ta mutanen ƙauye, Chevy Chase, wadda ba a san mai ita ba. Labarin wani basarake ne na arewacin Ingila, Percy, da ya yi rantsuwa zai yi farauta cikin dajin kan iyaka ko da Douglas na Sikotilan bai yarda ba. Suka haɗu, aka yi yaƙi, shugabannin biyu suka mutu tare da jama'a mai yawa. A kan titi a ke rera ta, a kan takardun banza a ke buga ta. Addison ya ba ta fitowa biyu, ta 70 da ta 74. Hujjarsa ita ce, abin da jama'ar ƙasa suka daɗe suna so ba zai rasa wani abu da ke taɓa zuciyar ɗan Adam ba, don zuciyar malami da ta jahili halitta guda ce. Ya kawo labarin Moliere, mai rubuta wasannin kwaikwayo na Faransa, wanda a ke cewa ya kan karanta wa wata tsohuwa mai yi masa aikin gida wasanninsa, ya lura da inda ta yi dariya, don nan ne jama'a za su yi dariya. Sa'an nan ya ɗauki baitocin waƙar ya jera su kusa da na Virgil, babban mawaƙin Rumawa, ya nuna inda tunaninsu ya zo ɗaya.

Malamai ba su ji daɗi ba. John Dennis, wanda ya shahara da sharhi a zamanin, ya ƙi hujjar. A shekarar nan kuma aka buga wani ɗan littafi na ba'a, wanda a ke dangantawa ga wani likita, William Wagstaffe. Ya ɗauki tatsuniyar yara ta Tom Thumb, yaron da tsawonsa bai wuce babban yatsa ba, ya yi mata sharhi irin na Addison, yana gwada ta da Virgil. Mutane suka yi dariya. Mu ma in mun duba, za mu ga akwai rauni a hanyar Addison. Ya ce waƙar ta isa da kanta, amma bai iya yabonta ba sai da ya kira Virgil shaida, kamar talakan da ba a saurararsa a gaban alƙali sai ya zo da mai rawani. Duk da haka abin da ya shuka ya tsira. A 1765 Thomas Percy ya tara tsofaffin waƙoƙin Ingila ya buga, ya sa Chevy Chase a gaba. A 1798 Wordsworth da Coleridge suka fito da littafin waƙoƙinsu, yawancinsu cikin harshen da mutane ke magana da shi kullum. Abin da aka yi wa dariya ya zama tafarki.

Babban aikinsa kuwa ya zo a 1712. John Milton ya buga doguwar waƙarsa, Paradise Lost, a 1667, yana makaho. Labarin fitar Adamu da Hauwa'u daga Aljanna ne, layi fiye da 10,000, ba ƙafiya, ga kalmomi masu wuya. Mutane suna jin sunanta, masu kuɗi suna ajiye ta a gida, amma masu bin ta daga farko har ƙarshe kaɗan ne. Addison ya keɓe mata ranar Asabar, daga 5 ga watan Janairu zuwa 3 ga watan Mayu, fitowa 18. A huɗu na farko ya bi tsarin Aristotal, malamin Yunanawa, ya duba labarin, da mutanen da ke ciki, da tunanin da aka sa a bakinsu, da harshen. A ta biyar ya faɗi halin da ya kamata mai sharhi ya kasance da shi, ya ce ya fi kyau ya tsaya ga nuna kyawon abu bisa ga farautar aibi, don tsintar kuskure ba ta da wuya. A ta shida ya faɗi aibin Milton bai ɓoye ba: yawan nuna ilmi inda ba a bukata, da barin labari ya shiga zancen kansa, da murɗa Ingilishi ya bi ginin waɗansu harsuna. Sa'an nan ya ɗauki babi 12 na waƙar ɗaya ɗaya, kowace Asabar babi guda, yana cewa ga wuri mai kyau, ga kuma dalilin kyansa.

Ku lura da hikimar wannan tsari. Ɗan kasuwa ya sami sharhi ran Asabar, ga Lahadi ba aiki, sai ya ɗauko waƙar ya karanta babin, ya gani ko gaskiya ne. Bai kamata mu ɓoye muku ba kuma, gidan Tonson, masu haƙƙin buga waƙar Milton, suna da hannu cikin buga Spectator, don haka yabon ya yi musu amfani. Wannan ma darasi ne. In kun karanta yabon littafi, ku tambayi wa ke cin ribarsa, kāna ku koma ga littafin ku gwada.

Ran 1 ga watan Agusta, 1712, hukuma ta sa wa irin waɗannan takardu haraji, ɗari a kan kowane falle, watau rabin kwabo. Spectator ta koma kwabo 2, masu saye suka ragu ƙwarai. Ran 6 ga watan Disamba ta tsaya, bayan ta fito sau 555. Addison ya sake tā da ita a 1714, ta fito sau 80. Ya mutu a 1719, Steele kuma a 1729. Amma an ɗinke takardun sun zama littattafai, an yi ta bugawa, an juya su da Faransanci da Jamusanci. Ɗaya daga cikinsu ya faɗa hannun wani yaro mai koyon aikin buga littattafai a Boston ta Amurka, Benjamin Franklin. Ya kan karanta maƙala guda, ya rubuta gundarin kowace jimla a taƙaice, ya ajiye kwana kaɗan, sa'an nan ya sake rubuta ta da kalmominsa, ya gwada da ta asali ya gyara kuskurensa. Da haka ya koyi rubutu, shi da bai wuce shekara 2 a makaranta ba.

Daga baya waɗansu suka raina sharhin Addison, suka ce ba shi da zurfi. Samuel Johnson, wanda ya rubuta tarihin mawaƙan Ingila tsakanin 1779 da 1781, shi ya ba su amsa. Ko da ya ke shi kansa bai ga wani abu cikin Chevy Chase ba, ya ce masu raina Addison da hasken da ya kunna musu su ke ganin aibinsa, kuma da ya yi rubutu mai wuya da ba wanda zai saurare shi. Johnson ya ƙara da cewa, a ƙarshe, hankalin gama-garin mai karatu shi ke yanke wa mawaƙi hukunci. Daga wannan magana ce Virginia Woolf ta samo sunan littafin sharhinta na 1925. Shafin sharhin littattafai na jarida, irin wanda ku ke riƙe da shi, jikan takardar nan ta kwabo ne.

Saura ku. Cikinku akwai masu jin kunyar a gan su suna sauraron makaɗin garinsu, ko tatsuniyar kakarsu, don ba a rubuta su da Turanci ba. Akwai kuma masu yabon duk abin da aka buga a littafi, don suna tsoron a ce ba su gane ba. Cuta guda ce ke damun su duka, watau rashin mudu. Maganinta kuwa gwaji. Cikin makon nan kowa ya zaɓi waƙa guda ko labari guda da ya ke so, na Hausa ko na Turanci. Ya nuna wurin da ya fi taɓa shi, ya rubuta dalili cikin layi biyar, ya kuma nemi wuri guda da ya ga bai yi ba. Ya ba abokinsa ya karanta, su yi gardama da hujja. Kada ya jira sai ya sami Virgil ya tsaya masa shaida. In dalilinsa mai ƙarfi ne zai tsaya da kansa, in mai rauni ne abokinsa zai nuna masa, gobe ya fi haka.