Shanun Birnin Kudu Marasa Tozo

Mu da muka saba bin hanyar Kano zuwa Birnin Kudu, mu wuce Gwaram, duwatsun nan ba su cika ɗaukar hankalinmu ba. Amma a ƙarƙashin wasunsu, irin su Dutsen Habude da Dutsen Mesa da Dutsen Murufu, akwai aikin wasu masu zane da suka riga mu zama a wannan ƙasa. Ba su bar suna ba, sai salo.

Abin da suka fi zanawa shanu ne, da jan launi, a jikin dutsen da ruwan sama ba ya duka. Duk wanda ya tashi cikin makiyaya, da ya duba zai ga wani abu ya ɓace: babu tozo. Shanun da muke gani yau a kasuwanninmu, farare irin na Fulani, kowace da tozonta. Na jikin dutsen kuwa gadon bayansu a miƙe yake, wasu da dogayen ƙahoni, wasu gajeru, kamar muturu da har yanzu ake kiwo a kudancin Najeriya. Mai zanen ya san dabbarsa. Da akwai tozo, da ya sa. Wannan rashin shi ne shaidar da ta fi ƙarfi cewa garken da yake kallo daban yake da namu.

Bernard Fagg, Baturen Ingila da ya kafa gidan tarihi na Jos a 1952, shi ya kai labarin zanen ga masana a tsakiyar shekarun 1950. Ana cewa shi ya gano su. Mu dai mun san wani ɗan gari ne ya nuna hanya. Abin da za a yaba masa shi ne ya kasa kunne: kusa da zanen akwai duwatsun da in an buga su suke amo kamar ƙararrawa, jikinsu duk ramuka saboda yawan duka. Ya kuma rubuta cewa ana kaɗa su lokacin shagalin aure.

Ke nan hoto da sauti wuri ɗaya, babu magana. Frans Zwartjes, mutumin Holan da ya rasu a 2017, mai zane kuma maƙerin goge irin na Turawa, a kan wannan ya gina gajerun fina-finansa, irin su Living na 1971, kuma Turai ta kira abin sabon gwaji.

Nasa ana adana su a ma'ajiyar fina-finai a Amsterdam. Namu suna waje, inda hayaƙi da gawayin masu rubuta suna za su iya cim musu. Jan launin ya riga ya dushe a wurare da dama, har sai mutum ya matsa, ya ƙura ido, kafin ƙahon ya fito.