Daga Lissafin Kano Zuwa Kwana 180: Tarihin Ƙarar Zaɓe a Najeriya

Ƙuri'un Kano ne suka haifar da shari'ar zaɓe mafi shahara a tarihin Najeriya. A zaɓen 11 ga Agusta 1979, doka ta ce sai ɗan takarar shugaban ƙasa ya samu kashi ɗaya cikin huɗu na ƙuri'u a kashi biyu bisa uku na jihohi 19. Alhaji Shehu Shagari ya cika sharaɗin a jihohi 12, amma a Kano, inda Malam Aminu Kano na PRP ya yi rinjaye, bai kai kashi 20 cikin ɗari ba. Cif Obafemi Awolowo ya garzaya kotu yana cewa jihohi 13 ake buƙata. Lauyan Shagari, Richard Akinjide, ya ce ai biyu bisa uku na 19 shi ne 12 da biyu bisa uku, don haka abin da aka samu a Kano ya wadatar. Ranar 26 ga Satumba Kotun Ƙoli ta bai wa Shagari gaskiya, Mai Shari'a Kayode Eso ya saɓa wa sauran alƙalai. Aka rantsar da Shagari ranar 1 ga Oktoba, shari'a ta riga ta ƙare.

Bayan dawowar mulkin farar hula a 1999, sai abin ya juye. Janar Muhammadu Buhari ya ƙalubalanci zaɓen Afrilu 2003, amma hukuncin ƙarshe bai fito ba sai Yulin 2005, Shugaba Obasanjo ya riga ya cinye rabin wa'adinsa. A Anambra, Chris Ngige ya yi kusan shekara uku a gidan gwamnati kafin kotu ta ce Peter Obi ne ya ci. Rauf Aregbesola na Osun ya jira tun daga 2007 har Nuwamban 2010. Wannan ne asalin yin zaɓen gwamna a waɗannan jihohi a lokaci dabam da na sauran ƙasa.

Don magance jan ƙafar nan aka gyara sashe na 285 na tsarin mulki a 2010. Mai ƙara yana da kwana 21 daga ranar da aka bayyana sakamako ya shigar da ƙorafinsa, kotun sauraron ƙararrakin zaɓe tana da kwana 180 ta yanke hukunci, ɗaukaka ƙara kuma kwana 60. Borno ta ɗanɗana tsananin wannan wa'adi. A 2012, a shari'ar Mohammed Goni da Gwamna Kashim Shettima, Kotun Ƙoli ta ce idan kwana 180 sun cika, babu mai ikon ƙara ko yini guda, ko da an ba da umarnin sake sauraron ƙarar.

Gyaran ya yi amfani, amma nauyinsa a kan mai ƙara ya sauka. A ƙarƙashin Dokar Zaɓe ta 2022, ɗan takara ko jam'iyyar da ta shiga zaɓe ne kaɗai aka bai wa hurumin zuwa kotu, talakan da ya wuni a layi ba shi da ta cewa. Hujjojin ma dokar ta 2022 ta ƙayyade su: wanda aka bayyana bai cancanci tsayawa ba, ko maguɗi da saɓa doka sun lalata zaɓen, ko bai samu rinjayen halastattun ƙuri'u ba. Kuma nuna cewa an karya doka bai isa ba, sai an tabbatar karyawar ta shafi sakamako sosai. Zargin aringizo ko sayen ƙuri'a kuwa laifi ne, dole a tabbatar da shi ba tare da kokwanto ba.

A cikin kwana 21 ɗin nan ne lauyoyi za su haɗa sunayen shaidu, da rantsuwar kowane shaida a rubuce, da jerin takardun da za su dogara da su, waɗanda akasarinsu suna hannun hukumar INEC, wadda ita ma ana ƙararta. A ƙasar da ke da rumfunan zaɓe 176,846, wannan aiki ne mai karya gwiwa. A 2023 kotu ta yi watsi da bayanan wasu shaidun Atiku Abubakar da Peter Obi saboda ba a shigar da su cikin wa'adi ba. A shekarar kuma kotun ƙararrakin zaɓe ta soke ƙuri'u 165,663 na Gwamnan Kano Abba Kabir Yusuf saboda rashin hatimi da sa hannu, sai a Janairun 2024 Kotun Ƙoli ta mayar masa da su.

Kwamitin tsohon Alƙalin Alƙalai Muhammadu Lawal Uwais ya hango wannan matsala tun a rahotonsa na 2008, inda ya ba da shawarar a ɗora wa hukumar zaɓe nauyin tabbatar da cewa ta yi zaɓe bisa ƙa'ida. Ba a mayar da shawarar doka ba, kuma wannan babban rashi ne. Kotun Ƙolin Kenya ta soke zaɓen shugaban ƙasa a 2017, kotun Malawi ta yi haka a 2020. A Najeriya, daga 1979 zuwa 2023, babu zaɓen shugaban ƙasa ko ɗaya da kotu ta rushe.