Tekun da Ya Janye daga Sakkwato

A Kanya ta ƙasar Zuru, inda na tashi, duwatsunmu ba su adana sawun wata halitta ba. Zafi da matsin ƙarƙashin ƙasa sun toye su tun fil azal. Shi ya sa kishi ya kama ni da na karanta labarin Isotelus rex, wata halittar teku mai ɓawo gaɓa-gaɓa, tsawonta santimita 72, wadda aka tsinta a Kanada a 1998. Tana nan a gidan tarihin Manitoba, 'ya'yan ƙasar na kallon abinsu.

Ashe mu ma muna da namu, arewa da mu kaɗan. Shekaru kusan miliyan 70 da suka shuɗe, teku ne ya malale ƙasar Sakkwato. A 1930 wani masanin Birtaniya, Swinton, ya bayyana ƙasusuwan wani ƙaton ƙadangaren ruwa daga can. A 1972 masanan Italiya suka raɗa masa suna Goronyosaurus, albarkacin Goronyo. Sunan namu ne, amma ƙoƙon kansa yana birnin Florence. Farin dutsen Kalambaina kuwa, mai cike da ɓawon halittun teku, niƙe shi muke yi mu yi siminti.