TSAKANIN KATSINA DA MARAƊI: WA YA SHATA IYAKA?

Da kwamitin wannan mujalla ya nemi in kawo abin da ya sawwaƙa a fannin tarihi, sai na ga ya dace in taɓo wata magana da muka saba yi duk inda hira ta yi daɗi, watau cewa Nijeriya da Nijar abu guda ne, Turawa ne kurum suka zo da rana tsaka suka raba mu. Akwai gaskiya a cikin maganar, amma ni a ganina ba ta cika ba. Kafin Bature ya ɗauki alƙalami, kakanninmu sun riga sun ja wani layin da takobi.

Mu fara da sarauta. Wanda ya san Maraɗi ya san sarautar garin Sarkin Katsina ake kiranta, alhali ga wani Sarkin Katsinan a birnin Katsina, tsakaninsu bai kai kilomita 100 ba. Dalili shi ne, bayan an fara jihadin Shehu Usmanu Ɗanfodiyo a 1804, birnin Katsina ya faɗa hannun jama'ar Shehu wajen 1807, Malam Ummarun Dallaje ya zama sarki. Gidan sarautar da aka tarar ya yi arewa, aka bi su har Ɗankama aka ci su da yaƙi. Waɗanda suka tsira suka fake a ƙasar Damagaram, daga bisani Ɗankasawa ya komo da su wajen 1819 suka kafa gwamnatinsu a kwarin Gulbin Maraɗi. Ba su taɓa ɗaukar kansu baƙi a sabon gari ba. A wurinsu su ne Katsina, birni ne kawai ya kuɓuce musu, kuma suna sa ran komawa.

Haka ta faru ga Gobirawa. Alƙalawa ta faɗi a 1808, aka kashe Sarkin Gobir Yunfa. A 1836 Sarkin Musulmi Muhammadu Bello ya gamu da rundunar Gobirawa da Maraɗawa da Buzaye a Gawakuke, ya yi galaba, Sarkin Gobir Ali da Sarkin Katsina Rauda na Maraɗi duk suka kwanta dama a wurin. Bayan wannan ne Mayaƙi ya kafa Tsibiri, ɗan taƙi kaɗan daga Maraɗi. Tun daga nan har zuwan Turawa ba a ajiye makami ba. A zamanin Ɗanbaskore, Maraɗawa sun yi ta kai hari ƙasar Katsina da Zamfara da Kano, su kama bayi, su kore dabbobi. Daga wannan ɓangaren ma ana ramawa. Garuruwan bakin daji suka yi ganuwa, gonaki suka koma kurmi, har aka sami wani makeken daji tsakanin ƙasashen biyu wanda fatake ba su ratsa shi sai da shiri. Ta gabas kuma ga Damagaram, wadda a zamanin Sarkin Kano Alu mayaƙanta suka zo har kusa da birnin Kano.

A nan zan ɗan tsaya. Mu da muka yi karatu a wannan ɓangare, ta bakin Sakkwato muka ji labarin, domin su ne suka bar rubuce-rubuce irin su Infaƙul Maisuri na Muhammadu Bello, kuma manhajar da aka ɗora wa malamanmu a bakin iyaka take tsayawa. Saboda haka a littattafanmu Maraɗawa mahara ne masu tayar da zaune tsaye. Amma je ka ka saurari maroƙan fadar Maraɗi ko ta Tsibiri, za ka ji mutanen nan jarumawa ne da aka raba da gidan ubansu suka ƙi miƙa wuya. Yaƙi ɗaya, matattu ɗaya, amma labari biyu. Ban ce ɗaya ƙarya ba ne. Kowa abin da ya ci masa rai ya riƙe.

To, sai ga Turawa. Ranar 5 ga Agusta 1890 Ingila da Faransa suka amince da wani layi daga garin Sayi a bakin Kwara zuwa Barruwa a gaɓar Tafkin Chadi, da sharaɗin duk abin da yake na daular Sakkwato ya faɗa rabon kamfanin Sir George Goldie. A lokacin babu sojan Ingila ko na Faransa ko ɗaya a ƙasar Hausa. Firayim Ministan Ingila kansa, Lord Salisbury, ya yi ba'a a wannan shekarar cewa suna ta yi wa juna kyautar duwatsu da koguna waɗanda ba su ma san inda suke ba. A 1898 suka sake zama, aka dasa tsinken kamfas a kan Sakkwato aka zana rabin da'ira mai nisan mil 100, aka ce abin da ke ciki na Ingila ne.

Wannan da'ira ita ce ta zame wa Faransawa ƙarfen ƙafa. Sun kama Damagaram a 1899, shekarar da rundunar Voulet da Chanoine ta ratso tana ƙone garuruwa, ta yi kisan gilla a Birnin Ƙonni, ta kuma gwabza da Sarauniya a Lugu. Amma da suka zo haɗa Damagaram da sansanoninsu na bakin Kwara, sai suka tarar hanyar da ke da rijiyoyi ta faɗa cikin rabon Ingila, su an bar su da rairayi. Suka yi ta ƙorafi har 8 ga Afrilu 1904, lokacin da ƙasashen biyu suka yi babban sulhu a kan rigingimunsu na duniya baki ɗaya. Jama'a, ku ji abin da aka yi musaya da shi: Faransa ta haƙura da wasu tsofaffin haƙƙoƙinta na kamun kifi a gaɓar Niyufanlan, can gefen Kanada, ita kuwa Ingila ta ja da baya ta sakar mata ƙasa a nan. Watau akwai ƙauyukan da jikokinsu suke karatu da Faransanci yau saboda kifin da ba su taɓa gani ba.

Sai dai a cikin wannan yarjejeniya akwai wata gaɓa da ba a cika ambata ba. An rubuta cewa in an zo shata iyaka a ƙasa, a lura da yadda mulki yake a tsakanin mutanen wurin, ta yadda talakawan Tasawa da Maraɗi da na Damagaram za su kasance wajen Faransa gwargwadon iko. Bayan an sake gyara a 1906, Kyaftin Tilho na Faransa da Manjo O'Shee na Ingila suka bi layin daga Kwara har Chadi tsakanin 1906 da 1908, suka kafa alamomi 148, aka tabbatar da aikin a 1910. Tafintan Tilho, wani mai suna Landeroin, ya riƙa zama da sarakuna da dattawa yana rubuta tarihin da suka ba shi: wa ya kafa garin nan, wa yake kai wa gaisuwa, wa ya taɓa cin wa. Kowane sarki kuwa ya gane abin da ake ciki, sai ya tuno duk ƙauyen da ya taɓa aiko masa da ko da damin gero ne. Ashe abin da mutane suka tuna, da abin da suka ga dama su tuna, ya shiga cikin taswira. Shi ya sa tsakanin Katsina da Maraɗi layin Turawa bai kauce sosai daga tsohon dajin yaƙi ba. A wasu wuraren kam an yi ɓarna ƙwarai: Gobir ta rabu biyu, ƙasar Daura ma haka, an raba gari da gonakinsa. Turakun ƙarfen da aka kafa, mutanen karkarar Daura tangaraho suke ce musu, don sun yi kama da na waya.

Abin da ya mai da wannan layi iyaka ta sosai shi ne zaman shekara hamsin da 'yan kai a ƙarƙashin iyayengiji biyu masu hali daban. Ingilishi sun bar sarakuna da alƙalai da baitulmali, har a Daura suka ɗauko Malam Musa daga Zango suka mayar da tsohon gidan sarauta. Faransawa kuwa kumandan ne wuƙa da nama. A 1906 suka tuɓe Sarkin Damagaram bisa zargin shirya tawaye, ba su mayar da sarautar ba sai 1923, sa'an nan a 1926 suka ɗauke hedkwata daga Damagaram suka kai Yamai, nesa da Kano. Aikin tilas bai ƙare a wajensu ba sai 1946, kuma kafin nan mutane da yawa sun kwashe iyalansu cikin dare sun tsallako. Ina da yaƙinin in aka bincika, a cikin ajinmu ma ba za a rasa jikokinsu ba. Harshe ma ya ɗauki tabo: mu mu ce makaranta su ce lakwal, mu ce kwastan su ce duwan, mu ce malam su ce mushe.

Da aka sami mulkin kai a 1960, ba wanda ya nemi a goge layin, kuma a 1964 shugabannin Afirka suka amince a Alƙahira cewa kowa ya riƙe iyakar da ya gada. Amma jini bai fasa aikinsa ba. Jam'iyyar Sawaba ta Djibo Bakary, da aka haramta ta a Nijar, a Kano ta sami mafaka wajen 'yan NEPU. Lokacin yaƙin basasarmu, daga 1967 zuwa 1970, Faransa ta karkata ga Biyafara, amma Shugaba Diori Hamani ya tsaya tare da gwamnatin tarayya, har ya karɓi baƙuncin zaman sulhu a Yamai a 1968. A 1971 aka kafa hukumar haɗin gwiwa ta ƙasashen biyu.

Ba kullum ake kwana a gado ba. A watan Afrilu 1984 gwamnatin Janar Buhari ta rufe iyakoki, abin ya zo daidai da fari mai tsanani, hatsi ya daina hawa arewa, ba a buɗe ba sai 1986. Hausawa sun saba raɗa wa kowace yunwa suna don kada a manta da ita. Wannan, mutanen Nijar El-Buhari suka sa mata. Mu a nan mun tuna shekarun da layin sayen kayan masarufi da canjin kuɗi, su kuwa da wannan sunan suka tuna su. An sake rufewa daga Agusta 2019 zuwa Disamba 2020, wannan karon saboda shinkafa.

Babban gwaji ya zo bayan 26 ga Yuli 2023, da sojoji ƙarƙashin Janar Abdourahamane Tchiani suka kifar da Shugaba Mohamed Bazoum. Ƙungiyar ECOWAS, wadda su can suke kira CEDEAO, ta ba da wa'adin mako guda tare da barazanar amfani da ƙarfi. Nijeriya ta rufe iyaka, ta yanke wutar lantarkin da take ba Nijar. A Abuja ana maganar kare dimokuraɗiyya. A Illela da Jibiya da Maigatari kuwa tambayar da ake yi ita ce, wa za a harba, suruki ko ɗan ƙanwa? Sanatocin Arewa suka fito suka ƙi, Majalisar Dattawa ta shawarci Shugaba Tinubu ya bi hanyar sulhu. Da farko shugaban sojan bai gana da tawagar Janar Abdulsalami Abubakar da Sarkin Musulmi Sa'ad Abubakar ba, amma ya karɓi Muhammadu Sanusi na II, wanda Sarkin Damagaram ya yi wa rakiya, sa'an nan ya karɓi ayarin malamai. Ku duba fa, jikan gidan Dabo da magajin gidan da ya taɓa kawo wa Kano yaƙi, su ne suka shiga ɗaki ɗaya neman a kashe wuta.

Ba a yi yaƙin ba. An ɗage takunkumi a Fabrairu 2024, aka buɗe iyaka a watan Maris. Amma sojojin Yamai ba su huce ba, kuma ranar 29 ga Janairu 2025 ficewar Nijar da Mali da Burkina Faso daga ECOWAS ta tabbata. A wannan rana ƙungiyar ta ba da sanarwar cewa, kafin a tsai da wata shawara, a ci gaba da karɓar fasfo da katin shaidar mutanen ƙasashen uku, a kuma bar su su shiga su fita ba tare da biza ba.