Abdullahi Smith da Binciken Asalin Sarauta a Ƙasar Hausa

Farfesa Abdullahi Smith (1920–1984) masanin tarihi ne haifaffen Ingila, wanda aka fara sani da suna H. F. C. Smith kafin ya musulunta a shekarun 1960. Ya koyar a Ibadan, sannan ya koma Zariya a 1962 ya kafa Sashen Tarihi na Jami'ar Ahmadu Bello, ya kuma assasa Gidan Arewa a Kaduna a 1970. Masu ba da tarihinsa sukan tsaya kan rubutunsa na 1961 game da jihadin ƙarni na 19, su tsallake aikin da ya fi ba da wuya, wato tono yadda sarauta ta kafu tun kafin Shehu.

A maƙalarsa ta 1970, da babin da ya rubuta a 1971 cikin littafin tarihin Afirka ta Yamma na Ajayi da Crowder, ya ƙi yarda cewa wani baƙo ne daga gabas ya zo wa Hausawa da mulki. A ganinsa labarin Bayajida bai isa ya bayyana asalin Hausa Bakwai ba. Daga ƙasa ya faro: gida ƙarƙashin maigida, gidaje su zama ƙauye, ƙauyen da ya samu ƙasar noma da tama da kasuwa ya zama gari, garin da ya ja baƙi ya kewaye kansa da ganuwa ya zama birni. A birni dangantakar jini ba ta iya riƙe jama'a, domin maƙeri da fatake da malamai ba zuriya ɗaya ba ne. Dole a samu sarki da masu sarauta. Ya nuna cewa tsarin ya kankama sosai a ƙarni na 15, zamanin Muhammadu Rumfa a Kano da Muhammadu Korau a Katsina.

Ya kuma ba duwatsu muhimmanci, irin su Dala da Kufena, inda a da ake bautar iskoki kuma ake samun mafaka. Duk wanda ya hau Garu a Dutse, ya ga gidaje a tsakanin manyan duwatsu da itatuwan dabino a ƙasa, zai gane maganar ba sai an yi masa dogon bayani ba. Littafin Tarihin Kano ya ce Sarki Abdullahi Burja ya auri 'yar Sarkin Dutse. Ke nan akwai sarauta a Dutse da ta kai Kano ta nemi surukuta da ita. Shekarun 1438 zuwa 1452 da ake ba Burja lissafin mai fassara littafin ne, Palmer, na 1908, wanda ya ƙirga daga tsawon mulkin kowane sarki, don haka a ɗauke su a matsayin kimantawa. Jerin sarakunan ya fi shekarun zama abin dogaro.

Ɗaliban Smith sun ɗora a kan aikinsa. Murray Last ya rubuta kan Daular Sakkwato, Yusufu Bala Usman kuma kan Katsina, ya kammala digirinsa na uku a 1974. An tattara wasu rubuce-rubucen Smith a 1987 cikin littafin A Little New Light, shekara uku bayan rasuwarsa.