Wida da Ganbiye: yawon yini guda daga garin kan ruwa zuwa kufan cinikin bayi

 Samarin Arewa da yawa kan yi shekara biyar, wasu goma, a Kwatano, suna sayar da shayi ko albasa ko suna dako, amma in ka tambaye su me sunka gani a ƙasar Benin, sai su ce maka kasuwa da Zango. Alhali kusa da su akwai wurare biyu da mutane ke tasowa tun daga Birazil da Amurka don su gani: Ganbiye, garin da anka gina a kan ruwa, da Wida, tsohuwar tashar cinikin bayi ta bakin teku. Masu kai baƙi yawon buɗe ido kan haɗa su a yini guda, da safe a shiga jirgi, da rana a bi sawun tarihi. Ga bayanin yadda abin yake.

Ina wuraren suke?

Mai tasowa daga gida zai bi Dogondutsi, Doso, Gaya, ya ƙetare kogin Kwara zuwa Malanbil, sa'an nan Kandi, Paraku, Bohikon, har Kwatano. Daga Malanbil zuwa Kwatano kaɗai ya fi kilomita 700. Ganbiye, wadda za ku ga an rubuta Ganvié a allunan hanya, tana cikin tabkin Nokuwe, arewa da Kwatano, kuma a garin Abome-Kalabi ake shiga jirgin zuwa can. Wida kuwa, wato Ouidah, tana yamma da Kwatano da kimanin kilomita 40, a kan hanyar Lome.

Ganbiye, garin da babu titi

Daga bakin ruwan Kalabi zuwa Ganbiye kamar kilomita 8 ne. Jirgi mai inji yakan ci kusan rabin awa, kwale-kwale na hannu ya fi haka daɗewa. Mutanen garin ana ce musu Tofinu, kuma sun haura dubu 20. Gidajensu a kan turaku suke, an kafa su cikin laka, ruwa na wucewa ta ƙasa. Kasuwa ma cikin kwale-kwale take ci: mai tumatir, mai itace, mai garin masara, kowace na zaune cikin jirginta. Yaro ɗan shekara bakwai yana tuƙa jirgi kamar yadda namu ke kora jaki zuwa rijiya.

Abin da ya kai su can shi ne gudun bauta. Labarin da sunka gada daga kakanni ya ce kimanin shekara 300 da sunka wuce, mayaƙan masarautar Dahome na farautar mutane suna sayarwa Turawa, kuma al'adarsu ta hana su kai yaƙi a kan ruwa. Sai kakannin Tofinu sunka shige tsakiyar tabki sunka kafa gari, har yau jikokinsu na nan.

Sana'arsu su ce. A hanya za ku ga wurare an kakkafa rassan itace da yawa cikin ruwa kamar shingen garka. Sunan abin akaja. Kifi na taruwa ciki yana ci yana hayayyafa, in lokaci ya yi a kewaye da taru a kwashe. Kowane akaja da mai shi, kamar gona. Ruwan tabkin yana da ɗan gishiri, don a 1885 Faransawa sun haƙa mashiga a Kwatano wadda ta haɗa shi da teku. In damina ta yi ƙarfi, kogunan Weme da So sukan cika shi da ruwan daɗi, kainuwa ta rufe hanyoyin jirgi. A 1996 anka sa sunan Ganbiye cikin jerin wuraren da Benin ta nemi hukumar UNESCO ta sa cikin kayan tarihin duniya.

Wida da abin da ya saura

Wida tsohon gari ne na masarautar Huweda. A 1727 Sarki Agaja na Dahome ya ci ƙasar da yaƙi, tashar ta koma hannunshi. Faransawa da Ingilishi da Turawan Fotugal, kowa ya gina gidan yaƙinshi a garin. Na Faransa da na Ingila sun rushe, sai suna. Wanda ya saura shi ne na Fotugal, da anka gina a 1721. Abin mamaki, wanga ɗan fili ya zauna hannun Fotugal har 1961, shekara guda bayan Dahome ta samu ƴancin kai. Da anka matsa musu su fita, sai sunka sa mishi wuta sunka tafi. Daga baya anka gyara shi ya zama gidan tarihi. A ƴan shekarun nan gwamnatin Benin ta shiga babban aikin gyaran wuraren tarihin Wida, don haka ku tambaya ko a buɗe yake kafin ku je.

Masana tarihi sun ƙiyasta cewa mutanen da anka fitar ta Wida sun kai kimanin miliyan ɗaya. Daga tsakiyar gari zuwa bakin teku akwai hanya mai kusan kilomita 4, ita ake kira Hanyar Bayi. Tana farawa daga dandalin Shasha, inda anka ce nan ake cinikin. Shasha laƙabin Francisco Félix de Souza ne, ɗan Birazil, babban dillalin bayi kuma aminin Sarki Gezo, wanda ya mutu a Wida a 1849. Daga nan jagora zai nuna muku wurin Itacen Mantuwa, inda ake cewa maza na kewayawa sau tara, mata sau bakwai, wai don su manta gida. Sai Zomayi, inda ake tsare su cikin duhu, sai ramin Zungboji da ake jefa waɗanda sunka mutu kafin jirgi ya zo. Gab da teku akwai ƙauyen Jegbaji, inda mata ke dafa gishiri daga ƙasa, kusan yadda ake yi a Dallol Foga.

Ƙarshen hanyar shi ne Ƙofar Ba Dawowa, wata babbar ƙofa da anka gina a 1995 da taimakon UNESCO. A lura, ita ƙofar da gumakan da ke bakin hanya duk sababbi ne, an yi su don tunawa. Bayanin itatuwan kuma daga bakin dattawan gari ya fito. Abin da ke rubuce a takardun jiragen shi ne yawan mutane da inda anka kai su. Jirgi na ƙarshe da anka sani ya kai bayi Amurka, mai suna Clotilda, daga Wida ya ɗauki mutum kusan 110 a 1860 ya kai Alabama.

A cikin gari kuma akwai ɗakin mesa, inda masu addinin gargajiya na Bodun ke girmama macizan, yana fuskantar babbar majami'ar Katolika. A watan Janairu ake babban bikin Bodun, garin kan cika maƙil. Mu da munka san bori da wuraren tsafin Arewa, mun san ladabin irin wanga wuri: wanda ke so ya shiga, wanda ba ya so ya tsaya waje, ba a yin ba'a.

Ina ruwan Bahaushe da Wida?

Da ruwanshi ƙwarai. Bayan yaƙe-yaƙen da sunka biyo jihadin 1804, an kama Hausawa da yawa, an bi da su kudu har bakin teku, an kai su Bahiya a ƙasar Birazil. A 1807 hukumar Bahiya ta gano shirin tawaye na bayi Hausawa, an kuma yi wasu tawayen a 1809 da 1814. A watan Janairu 1835, cikin azumi, bayi Musulmi sunka tashi a birnin Salvador, yawancinsu Yarbawa, da Hausawa a ciki. Bayan an murƙushe su, an koro wasu, wasu sunka dawo da kansu Wida, Porto-Novo da Legas. Zuriyarsu ake kira Aguda.

Akwai kuma Mahommah Gardo Baquaqua, mutumin Jugu, garin da ke kan tsohuwar hanyar fataken goro ta Gwanja. Uwarshi ƴar Katsina ce. An kama shi, an bi da shi ta Wida wajen 1845, an kai shi Birazil. Ya kuɓuta a New York a 1847, kuma a 1854 anka buga tarihin rayuwarshi a Detroit. Saboda haka mai tsayuwa a bakin tekun Wida, yana iya yiwuwa sawun danginshi yake takawa.

Yadda ake tsara yinin

An fi so a fara da Ganbiye da sassafe, kasuwa na ci, iska ba ta tashi ba. Kafin azahar an fito, a kama hanyar Wida, a yi salla a ci abinci can, a gama da bakin teku kafin almuru. Daga Disamba zuwa Maris ne rani a kudancin Benin. Daga Afrilu zuwa Yuli ruwan sama na da yawa, yakan ɓata tafiya.

Kuɗinsu sefa ce irin tamu, babu canji. Abin da ake biya kashi huɗu ne: mota, jirgi, shiga wuraren tarihi, da ladan jagora. In kun haɗu ku da yawa, kuɗin kowa zai ragu. A Kalabi ku sayi tikiti a wurin sayarwa na tasha, kada ku miƙa kuɗi ga wanda ya tare ku a bakin hanya ya ce shi jagora ne. Ku yi ciniki tun kafin a tashi: awa nawa, wurare nawa, da komowa ko babu. Yawancin jagorori Faransanci suke yi, to ku tafi da mai ji ya riƙa fassarawa tsofaffi.

Hattara da ruwa

Nan ne maganar ta fi nauyi. Mu mutanen tudu ne, mafi yawanmu ba mu iya iyo ba, wankan tabkin damina bai sa mutum ya zama Sarkin Ruwa. Ku nemi rigar ceto kafin ku shiga, ku sa wa yara tasu. In jirgi ya cika, ku jira na baya. Kada a miƙe tsaye ko a taru gefe guda don ɗaukar hoto. A bakin tekun Wida kuma kada kowa ya shiga wanka, igiyar ruwan wurin na da ƙarfi, tana ja ta ƙasa ko da ruwan iya gwiwa ne. Mutanen Ganbiye, musamman mata, da yawa ba su son a ɗauke su hoto ba izini, a tambaya tukuna.

Masu tasowa daga gida su tuna an rufe gadar Gaya da Malanbil bayan juyin mulkin 26 ga Yuli 2023, mutane sunka koma ƙetarewa da kwale-kwale. A binciki halin da iyaka ke ciki kafin a ɗaura kaya, a riƙe katin ɗan ƙasa da katin allurar shawara.

Wanda ya je ya dawo kuma, ya ba yara labari, ya kai su Lugu su ga inda Sarauniya ta tari sojojin Voulet da Chanoine a 1899. Wurin na nan kusa da mu, ba ya bukatar jirgi. Allah ya kiyaye hanya, ya maido kowa gida lafiya.