Wanda Ya Zauna Aka Zana Shi

Duk wanda ya ziyarci hubbaren Malam Abdullahi ɗan Fodiyo a Gwandu ya san cewa rubutunsa aka gada, domin babu mai zanen da ya taɓa zaunar da shi ya ɗauki kamanninsa. Fasahar wannan yanki, daga Gwandu har Kalgo, ta bi ta zayyanar allo da aikin riga da adon bango, ta kauce wa surar ɗan Adam saboda dalilai na addini. Shi ya sa al'adar zaunar da mutum a tsakiyar ɗaki, ɗalibai su kewaye shi suna zana shi, baƙuwa ce a Arewa. Ta samu gindin zama ne daga 1955, lokacin da sashen koyar da zane ya ƙaura daga Ibadan zuwa kwalejin Zariya, wadda ta zama Jami'ar Ahmadu Bello a 1962.

Malamai Turawa ne suka zo da tsarin, kuma tsohon tsari ne. Makarantar zane ta sarkin Faransa, da aka kafa a Faris a 1648, ta ɗauki zana mutum mai rai a matsayin ƙashin bayan karatu, har tana da masu zaman zane da take biya albashi. Amma aikin ba sauƙi gare shi ba. A irin waɗannan makarantu akan rataya igiya daga rufi domin mai zama ya riƙe, kada hannunsa ya sauko don gajiya.

A nan ingancin zane yake haɗuwa da halin da mai zama yake ciki. Jikin mutum ba ya jure tsayuwa guda fiye da minti 20 ko 30 ba tare da ya saki ba: kafaɗa ta faɗi, wuya ya karkata, nauyi ya koma ɗaya ƙafar. Ɗalibin da ya fara auna jiki a farkon sa'a, sai ya tarar yana gyara abin da ba shi ya ɓata ba. Sanyi yana takure jiki, kamar yadda duk wanda ya yi hunturu a Samaru ya sani. Tsoro da kunya kuwa ɗaure fuska suke yi. Abin da ido ya gani shi hannu ke saukewa a takarda.

A 1852, a Landan, Elizabeth Siddal ta kwanta cikin baho cike da ruwa domin John Everett Millais ya zana hotonsa na Ophelia. Fitilun da ke ɗumama ruwan suka mutu, shi kuwa hankalinsa na kan aiki, ita ma ba ta ce uffan ba. Ta kamu da ciwo mai tsanani, sai da mahaifinta ya tilasta wa Millais biyan kuɗin magani. Hoton ya yi suna, ana kuma kafa hujja da shi cewa wahalar mai zama ba ta hana aiki kyau. Sai dai Millais ya yi sa'ar mace mai haƙuri ne, wadda ita kanta ta zama mai zane daga baya. Makaranta ba ta ginuwa a kan sa'a.

Ben Enwonwu ya bi wata hanyar. Kafin ya zana Adetutu Ademiluyi, 'yar gidan sarautar Ife, sai da ya nemi yardar iyayenta, ya yi haƙuri har suka amince. Ɗaya daga cikin hotunan, mai kwanan 1974, an sayar da shi a Landan a 2018 kan fam miliyan 1.2. Natsuwar da ke fuskar Tutu ta wadda aka girmama ce, kuma da sunanta ake kiran hoton.

A Zariya, ɗalibai irin su Uche Okeke da Demas Nwoko da Yusuf Grillo da Bruce Onobrakpeya sun kafa ƙungiyarsu a 1958, suka ƙalubalanci manhajar Turawa, duniya kuma ta san su. Waɗanda suka zauna musu a aji har hannunsu ya faɗa, ba a jin sunayensu a tarihin.

Yau matashin da ya taso daga Gwandu ko Kalgo ya tafi karatun zane, zai tarar da wani zaune a tsakiyar aji. Haƙƙin wannan mutum sananne ne: a faɗa masa abin da za a yi tun kafin ya zauna, ya zaɓi suturar da ya yarda da ita, a ba shi hutu a kan lokaci, kada a ɗauki hotonsa da waya ba izini, a biya shi ladansa a ranar. Ɗan yankin da aka rene shi a kan kare mutuncin baƙo bai kamata a koya masa wannan a aji ba.